Tutar da Sarzan Mamman Ya Bar wa Yayansa

Tun ranar da na koma makaranta, malamai 'yan'uwana ba su bar ni na huta ba. Wannan ta ce, "Malama Hajara, ya Maraɗi?" Waccan ta ce, "Wai da gaske burodinsu ya kai taɓarya tsawo?" Nakan ce lafiya lau in wuce, don ban san ta inda zan kamo zaren ba. To, yau dai na zauna zan faɗa. Wanda ya gane abin da ni ban gane ba, don Allah ya zo ya fahimtar da ni.

Ta'aziyya ce ta kai mu, ni da mahaifina. Ƙanensa, Baba Mamman, ya rasu wata Lahadi da hantsi, labari bai iso Farfaru, ƙauyenmu da ke kusa da Jibiya, ba sai da aka dawo daga maƙabarta. Su biyu ne kaɗai maza a wurin kakanmu. Mahaifina, Lawal, ya shiga sojan Najeriya yana saurayi lokacin yaƙin basasa, har yau kuwa Saja ake ce masa. Shi Mamman tun yana ɗan shekara shida aka ba kawunsu riƙonsa a wani ƙauye can bayan Ɗan Isa, cikin Nijar. Can aka sa shi lakwal, wato makarantar bokonsu, ya girma ya shiga sojan Nijar, ya bar aiki da muƙami daidai da na yayansa, sai dai su Sarzan suke cewa.

Muna yara, duk Babbar Sallah Baba Mamman yakan zo, su zauna gindin dalbejiyar ƙofar gida suna shayi suna gardama. Baba ya ce faretin sojan Nijar kamar mutum na tsallake ƙaya. Baba Mamman ya ce tutar Najeriya tela ne yadi ya ƙare masa, shi ya sa ya maimaita kore. Su yi ta yi har a kira magariba, su tafi masallaci tare.

Wasan ya zama gaske ne lokacin da aka rufe iyaka bayan juyin mulkin Nijar, rediyo kullum tana maganar ƙila a tura sojoji Nijar. Ina zaune Baba Mamman ya kira. Na ji muryarsa ta wayar yana cewa, "Yaya, in anka ce a shigo muna, kai kana bayan wa?"

Baba ya ce, "Mamman, ni tuta guda na rantse wa."

Sai wayar ta mutu. Ba a yi yaƙin ba, daga baya ma aka buɗe iyaka, amma su biyun ba su sake jin muryar juna ba har Allah ya yi ikonsa.

Ranar Litinin da asuba na iso Farfaru a babur, na tarar da Baba ya shirya. Farar riga, hula, ga kuma ɗan ƙarfen nan mai launin kore, fari, kore da yake maƙalawa a ƙirji duk inda za shi. Na ce, "Baba, da ka cire wannan, ka san yadda ake ciki."

Ya ce, "Uwata," haka yake kirana don sunan mahaifiyarsu na ci, "gidan ƙanena za ni, ba sata ba."

A Jibiya muka shiga wata tsohuwar mota, mu takwas ban da direba. Kusa da ni wata Hajiya ce mai safarar wake, mace mai jiki da fara'a, wadda tun kafin mu fita gari ta san sunana da abin da ya fito da mu. Na tambaye ta ko 'yar ina ce. Ta ce, "Wace rana?" Na ce ban gane ba. Ta ce Lahadi 'yar Jibiya ce, Litinin da Juma'a 'yar Maraɗi, don ranakun kasuwa ke nan. An haife ta a can, an aurar da ita nan, 'ya'yanta rabi da rabi. Ta ce, "Ni dai wanda duk ya tsayar da ni, ƙasarsa ita ce tawa, har in wuce."

Baba ya yi gyaran murya daga gaba.

A Magama, shingen iyakarmu, abin bai yi tsawo ba. Jami'in da ya duba takardunmu ya ga katin tsohon soja, ya ƙame ya sara wa Baba. Baba ya amsa da ɗan ɗaga haɓa, na ga fuskarsa ta ɗan saki, karo na farko tun da aka yi rasuwar. Amma muna barin shingen, direba ya miƙa hannu ya zare 'yar tutar Najeriya da ke tsaye gaban gilashi, ya jefa ta aljihun mota, ya ciro ta Nijar ya dasa a gurbinta, duk bai ko rage gudu ba.

Baba ya ce, "Kai, yaro, mene ne haka?"

Direba ya ce, "Baba, ai kamar lasisi ce. Kowane gari da wanda ake nunawa."

"Ka san mutum nawa sunka mutu a kan abin nan da ka jefa cikin sifana da goro?"

Direba ya buɗe aljihun ya gyara mata kwanciya bisa wani tsumma. Hajiya ta zungure ni da gwiwar hannu, ta danne dariya. Ni kuwa ban san bayan wa zan bi ba. Shekara goma sha huɗu ina tsayar da yara a rana suna rera taken ƙasa, ina dukan bayan wanda ya yi motsi, amma a raina sai na ji direban bai yi wani laifi ba.

Mun isa shingen Ɗan Isa wajen ƙarfe takwas. Aka ce kowa ya sauko. Wani jandarma, yaro ne dogo da bai wuce sa'an ƙanena ba, ya karɓi takardun Baba ya yi masa tambaya da Faransanci. Baba, mutumin da ko da mu ba ya Turanci, sai ya amsa da Turanci. Jandarman ya sake yi da Faransanci, Baba ya sake mayarwa da Turanci. Haka suka yi ta yi, kowa na kallon ƙirjin ɗan'uwansa, har yaron ya gaji ya ce, "Baba, don Allah ina zuwa?"

"Gaisuwar mutuwa. Ƙanena ya rasu Maraɗi."

"Allah ya jiƙan shi, ya ba ku haƙuri." Ya miƙo takardun da hannu biyu.

Baba bai karya ba tun safe, sai na zaunar da shi kan wani benci na nufi wurin mai ƙosai a tsallaken hanya. Ina tsakiyar titi na ji an busa usur. Na ɗauka da wata mota ake, na ci gaba da tafiyata. Na isa na ce, "Sannu, a ba ni ƙosai." Matar ba ta ko dube ni ba. Tana tsaye ƙyam da matsami a hannu, ƙosai na ƙonewa a mai. Na waiga, sai na ga duniya ta tsaya. Mai turin baro ya tsaya da baronsa, 'yan kabu-kabu, wato 'yan acaɓarsu, sun kashe babura sun sauko, wani mai jan rago ya riƙe shi tsakanin ƙafafunsa. Ni kaɗai ce ke motsi a garin, ina ta juye-juye da leda a hannu. Wallahi abin da ya fara zo mini shi ne 'yan bindiga, na kusa kwantawa a ƙasa.

Sai wata murya ta daka mini tsawa daga bakin ofis, "Madam! Tsaya wuri guda!"

Ashe tuta ake ɗagawa. Na tsaya kamar an dasa ni, kunya ta rufe ni har tafin ƙafa. Da aka sake busa usur kowa ya ci gaba da harkarsa kamar ba a yi komai ba. Mai ƙosai ta kwashe ƙonannun ta ce, "Ke 'yar Najeriya ce ko? Ku can ba ku tsayawa?" Na ce muna tsayawa, amma a makaranta. Ta ce, "To in an girma fa?"

Da na dawo na tarar da Baba tsaye gaban bencin, hannuwa a manne da cinya, fuska a murtuke. Na ce, "Baba, kai ma ka tashi?"

Ya ce, "Ƙafafuna ne sunka ji usur, ba ni ba. Kuma ban sara ba, ki shaida." Ya ƙi cin ƙosan.

Maraɗi ba ta ba ni mamaki ba ta wajen mutane. Hausa ce, sallama ce, kamannu ne irin namu, har na riƙa ganin fuskokin da na ɗauka na sani. Abin da ya ɗaure mini kai tutoci ne. A shataletale, a kan babura, a bakin shagon aski, a hannun masu talla tsakanin motoci. Ta Nijar na sani: ruwan goro a sama, fari a tsaka da ɗan da'ira, kore a ƙasa. Amma akwai wasu biyu ko uku da ake haɗawa da ita, na wasu ƙasashe, waɗanda ni mai koyar da darasin zaman jama'a na kasa faɗin na wane ne. Na tambayi mai adaidaita-sahun da ya ɗauko mu. Ya lissafa mini su, ya ƙara da cewa, "Abokai ne." Na so in tambaye shi mu fa, sai na ga yana kallon ƙirjin Baba ta madubi, na fasa.

Gidan Baba Mamman ƙaramin gida ne na ƙasa da aka shafe da siminti. Baba ya zauna cikin maza a rumfar da aka kafa a waje, ni na shiga wurin matarsa, Inna Ramatu. Tana ganina ta kama hannuna ta ce, "Uwarsu ta zo," sai kuka. Ɗakinta muka kwana mu tara a kan tabarmi har kwana uku. Da safe burodin nan dogo, wanda lallai ya kusa taɓarya, amma ciki iska ne, da shayi mai madara a kwano wanda suke ce wa kafe. Da rana dambun zogale, da yamma tuwon hatsi miyar kuka irin namu sak. Jikokin gidan suka sa mini suna Tanti Najeriya. Na ce musu ni gwaggonsu ce, kakansu da ubana ciki ɗaya suka fito. Suka ce to, Tanti Najeriya.

Babban ɗan marigayin, Sani, shi ma malamin makaranta ne, su Mushe suke cewa. Na girme shi da shekara biyu, tare muka yi wasan ƙasa duk Sallah. Amma ya gaishe ni kamar baƙuwa, ya kuma durƙusa wa Baba a taƙaice ya tashi. Rana ta biyu na tare shi a zaure na ce, "Sani, me muka yi maka?"

Ya ce, "Yaya, kin san lokacin da kunka yanke muna wuta, nan tsakar gidan munka riƙa fito da shi muna yi mashi fifita? Maganin da yake sha ta wajenku yake shigowa, kunka rufe hanya. Wata nawa yana jira yayanshi ya kira ya ce ya jiki."

Na ce, "Mu muka yanke? Sani, ni da nake Jibiya sai in yi mako ban ga wuta ba. Wa ya tambaye ni?"

"To wa ya tambayi Baba Saja? Amma da anka tambaye shi ai ya ba da amsa."

Na buɗe baki in kare mahaifina, na rasa da me. Na so kuma in ce ba ruwana da gwamnati, sai na tuna ni ce kullum nake sa yara su ɗora hannu a ƙirji su yi alkawarin biyayya.

Da yammar nan jikoki suka taru suka ce sai Tanti Najeriya ta rera musu takenmu. Abin kunya, ba a daɗe da sauya mana shi ba, an dawo da na dā, ni kuma da takarda nake koya wa yara. Na fara, na kai tsakiya na zarce cikin wanda aka soke. Yaran suka ce su bari su yi nasu. Suna farawa wata tsohuwa daga cikin masu zaman makoki ta ce ba haka yake ba. Suka ce, "Kaka, ai an canza!" Ta ce, "Yaushe? Wa ya canza?" Har Inna Ramatu sai da ta yi murmushi. Ni dai na zauna ina tunani, ƙasa biyu, take huɗu, kuma a tsakar gidan nan babu babba ɗaya da zai iya kai ɗaya ƙarshe.

Ranar addu'ar uku, bayan mutane sun watse, Inna Ramatu ta aika a kira Baba da Sani. Ta ce ni ma in zauna. Ta jawo wani akwatin ƙarfe daga ƙarƙashin gado, ta ciro wani abu a naɗe cikin farin ƙyalle, ta ajiye gaban Baba.

"Yaya, wanga naka ne. Ya ce in ba ka hannu da hannu."

Baba ya buɗe gefen ƙyallen. Tutar Nijar ce, tsohuwa, ruwan goron ya koɗe. Inna ta ce ita ce wadda ya yi shekaru yana ɗagawa a wani barikin daji can arewa, da ta tsufa aka kawo sabuwa, ya roƙi shugabansa ya bar masa.

Baba ya janye hannunsa kamar ya taɓa garwashi. "Ramatu, me ya ce?"

"Ya ce a ba Yaya Lawal."

"Sai me?"

"Na ce mashi ya yi me da ita? Ya ce shi ya sani."

"Ni na sani?" Baba ya dube ni, ya dubi Sani. "Wallahi ban sani ba."

Sani ya ce, "Ni na sani. Amsa ce ya ba ka. Ka ce tuta guda ka rantse wa, shi ma ga tashi." Ya nuna ƙyallen. "Kuma ni ban ga dalilin da za ta ƙetare iyaka ba. Ubana ya yi mata bauta shekara talatin, a kai ta inda za a yi shimfiɗar shanyar kuɓewa da ita?"

Inna ta ce, "Sani! Ubanka ne kake wa magana."

Baba bai yi fushi ba, abin da ya ba ni tsoro ke nan. Ya tura tutar gaban Sani ya ce, "Ɗauki. Kai ka fi cancanta."

Sani ya ce, "Wasiyya ce. Ba ni ya ba."

Ta zauna a tsakaninsu kan tabarma, kowa ya ƙi taɓawa.

Aka kira wani tsohon abokin aikin marigayin, Kafaran Abdu, wato kofur, wanda bai bar rumfar ba tun ranar rasuwa. Ya shigo da sandarsa, ya ga tutar, ya cire hula. Ya ce, "Wanga dirapo tare munka sha rana da ita." Haka suke ce wa tuta. Da aka gaya masa abin da ake ciki sai ya ce ai abin a fili yake: soja in ya sauka daga gadi, na gaba da shi yake miƙa wa kaya. Mamman ya gama aiki ne ya miƙa wa babbansa. Inna Ramatu kuwa ta girgiza kai ta ce ita a ganinta tsokana ce irin tasu, don ranar da ya faɗi maganar har da 'yar dariyarsa. Limamin unguwa, da maganar ta kai gare shi, cewa ya yi shi abin da ya sani kawai a cika wasiyya, ma'anarta kuma tana wurin mai ita.

Mutum huɗu, magana huɗu. Baba ya tambaye ni, "Uwata, ke da kika yi karatu, me kika gani?" Na ce ban sani ba. Duk wanda ya yi magana sai in ji kamar shi ne da gaskiya.

Washegari da safe Baba ya ce Sani ya kai shi maƙabarta. Suka tafi a babur, Baba na baya yana riƙe da ƙarfen kujera don kada ya taɓa shi. Sun daɗe. Da suka dawo na ga hannun Baba a kafaɗar Sani, idanun Sani sun yi ja. Ban san abin da suka faɗa ba, ban kuma tambaya ba. Sani da kansa ya ɗauko tutar ya miƙa masa, ya raka mu tasha. Da mota za ta tashi ya leƙo ya ce, "Yaya, ki gaida yara." Bai ce Tanti Najeriya ba, bai kuma yi dariya ba.

Na ce a sa ta cikin jakata. Baba ya ce jakar za a ɗaure a bayan mota tare da buhuna, ba a yi wa tuta haka. A cinyarsa ya riƙe ta tun daga Maraɗi. Na ce, "Baba, ka tuna an kama mutane a ƙasarmu kwanakin baya saboda ɗaga tutar wata ƙasa." Ya ce shi ba ɗagawa zai yi ba.

Shingen Nijar babu wanda ya kula. A namu ne wani jami'i, ba wanda ya sara masa ran nan ba, ya leƙo ya ce, "Baba, mene ne a ƙyallen?"

"Kayana ne."

"A buɗe."

Yana ganin launin ya ce mu sauko. Motarmu ta jira, ta gaji, ta sauke jakata ta tafi. Aka shigar da mu wani ɗaki mai tebur ɗaya, aka kira babbansu. Tambaya dai ita ce ita ce: wa ya ba ku, ina za ku kai ta, guda nawa ne, wa zai karɓa? Na yi bayani, na nuna katin aikina, na nuna ƙarfen da ke ƙirjin Baba. Babban ya ce, "Malama, na ji. Amma ki taya ni tunani. Tsohon sojan Najeriya, da tutar Najeriya a ƙirji, da ta Nijar a cinya. Me zan rubuta?" Ban ga laifinsa ba. Ni ma da ni ce ban san me zan rubuta ba.

Baba kuwa ya ƙi magana. Yana zaune yana kallon bango.

Babban ya ce a warware ta a ga ko da wani abu a ciki. Gabana ya faɗi, amma ba don tsoro ba. Tun Maraɗi nake zaton ko akwai 'yar takarda a cikin ninkin, ko layi biyu da za su raba mu da wannan ruɗani. Ƙaramin jami'in ya kama gefe ɗaya ya karkaɗe ta. Babu komai. Sai faci uku da aka yi da zare da allura, ɗinkin namiji, manyan taki. Ɗaya gefen ya sauka ya share ƙasa.

"Kai! Ɗaga ta!"

Ban taɓa jin wannan muryar a bakin mahaifina ba. Ɗakin ya amsa. Yaron ya zabura ya tattaro ta sama, babban nasu ma sai da ya miƙe. Baba na tsaye, sandarsa ta faɗi.

"Ba ta taɓa ƙasa. Shekara talatin bai bari ta taɓa ƙasa ba." Sannan ya ce a hankali, "Ta ƙanena ce. Uwa ɗaya uba ɗaya. Ya mutu ba mu magana."

Nan ya yi kukan da bai yi ba a Farfaru, bai yi ba a rumfar makoki. Tsoho ɗan kusan tamanin, a gaban yaran da ya yi jika da su. Na rasa inda zan sa idona.

Babban ya zagayo ya kama gefe biyu, ya ce, "Saja, nuna mini yadda ake yi." Baba ya share fuska da hannun riga ya kama sauran biyun. Suka ninke ta tare, ninki bayan ninki, Baba yana gyara masa. Sannan mutumin ya fita da kansa ya tsayar mana da mota. Bai rubuta komai ba.

Bayan mako guda na je Farfaru duba shi. Na tarar ya wanke ta da hannunsa, ya shanya a igiyar tsakar gida, can ciki inda ba mai gani daga waje. Ya ajiye kujera kusa, da tsumagiya a hannu yana korar awaki. Mahaifiyata ta ce tun hantsi yake nan, ya hana kowa shanya.

Na gaishe shi na zauna. Can ya nuna da tsumagiyar ya ce, "Uwata, wancan ƙwallon na tsakiya, me ake nufi da shi?"

Na ce, "Rana ce, Baba, in ban manta ba."

"To na saman fa, mai ruwan goro?"

Na ce ina jin hamada ce, amma ban tabbata ba.

Ya daɗe yana kallonta. Ya ce, "Mamman ya sha fara gaya mani. Ko sau ɗaya ban bari ya kai ƙarshe ba."

Ya laluba aljihu ya ciro 'yar wayarsa, ya miƙo mini.

"Nemo mani Sani. Ki ce mashi in yana da lokaci, ina da tambaya. Kuma ba zan katse shi ba."